Tsohon Wasa Cikin Sabuwar Riga

PES 2014 shi ne wasan ƙwallo na ƙarshe da kamfanin Konami na Japan ya yi wa na'urar PSP. Ita kanta na'urar, wadda Sony ya fara sayarwa a ƙarshen 2004, an daina fitar da ita tun 2014. Amma tsaya a rumfar masu caji da tura fina-finai a bakin tashar Talata Mafara, ko a Bakura ranar da kasuwa ke ci, ka saurari abin da yara ke tambaya: "Oga, akwai PES na bana?" Kuma akwai ɗin. Za a tura wa yaro ta Xender, ya buɗe a Tecno ko itel ɗinsa da manhajar PPSSPP, sai ga Haaland cikin rigar Manchester City ta wannan kakar, ga Osimhen da abin kare fuskarsa, ga muryar Peter Drury tana tashi in ƙwallo ta shiga raga. Drury kuwa bai fara yi wa PES sharhi ba sai a fitowar 2016, bayan an riga an rufe babin PSP.

Ke nan ba Konami ne ya yi wannan "sabon" wasa ba. Tsohon ne aka farke, aka fito da kayan cikinsa, aka sauya riguna da fuskoki da sunaye da muryoyi, sannan aka mayar aka rufe. Masu wannan aiki matasa ne da ke warwatse a duniya, da yawansu a Indonesiya da Kudancin Amurka, mu kuma ƙarshen aikin ne yake iso mana. To amma duk yaron da ya daɗe yana buga irin wannan wasa, wata rana zai tambayi kansa: in wani ya iya sa rigar Al-Nassr, me zai hana ni sa ta Kano Pillars ko ta Zamfara United? Wannan tambaya ce ke kai shi neman manhajojin fito da kayan cikin gem. Tambaya ce mai kyau, kuma ina ganin ta fi rabin abin da ake koyarwa a wasu azuzuwan kwamfuta amfani. Matsalar tana a matakin farko ne, wato saukewa da ɗorawa, domin nan ɓarayin intanet suke tsare hanya.

Kowane wasan bidiyo kashi biyu ne. Akwai injin, wato lissafin da ke cewa in ka danna nan ɗan wasa ya ruga, in ƙwallo ta bugi turke ta dawo ta wannan kusurwar. Akwai kuma kaya: siffofin mutane da motoci da gine-gine, hotunan da ake lulluɓe siffofin da su, motsin gaɓoɓi, sauti, da rubutu. Siffar ɗan wasa ba komai ba ce face dubban ƙananan alwatika da aka harhaɗa gefe da gefe, babu launi, babu fuska. Launin yana cikin wani hoto daban, shimfiɗaɗɗe. Duk wanda ya taɓa tsayawa a shagon tela ya ga riga kafin a haɗa ta: gaba daban, baya daban, hannuwa biyu a kwance, wuya a gefe. Haka rigar ɗan wasa take a cikin gem, yankakkiya a kan hoto ɗaya mai kusurwa huɗu, kuma kowace kusurwar alwatika tana riƙe da lambobi biyu da ke nuna mata daidai inda za ta ɗebi launinta a jikin hoton. Fuska ma haka take, shi ya sa mai fara ganin fuskar fitaccen ɗan ƙwallo a shimfiɗe, kunnuwa can a gefe biyu, yakan yi dariya ko ya tsorata. Idan ka sauya hoton ba ka taɓa siffar ba, ɗan wasa zai fito da sabuwar riga, injin kuma bai san an yi ba.

Raba inji da kaya ba jiya aka fara ba. A 1993 kamfanin id Software na Amurka ya fitar da Doom, kuma John Carmack da abokan aikinsa da gangan suka ware duk kayan wasan cikin wani fayil mai suna WAD, domin masu sha'awa su iya sauya su ba tare da taɓa injin ba. Abin da ya biyo baya ya wuce zaton kowa. Counter-Strike ya fara ne a 1999 a matsayin gyaran da Minh Le da Jess Cliffe suka yi wa Half-Life, daga baya kamfanin Valve ya saye shi ya ɗauke su aiki. PUBG da yaranmu ke kwana a kai, wanda ya tsara salonsa, Brendan Greene ɗan ƙasar Ailan, ya fara ne da gyare-gyaren wani wasan soja mai suna Arma 2. A ɓangaren ƙwallo kuwa, larura ce ta haifi sana'ar: shekaru da dama Konami ba shi da lasisin sunayen wasu ƙungiyoyin Ingila, sai ka ga Manchester City ta koma Man Blue, Chelsea ta koma London FC. Magoya baya suka ce ba za ta saɓu ba, suka koyi gyarawa da kansu.

Me ya sa in ka buɗe foldar wasa a wayarka ba ka ganin hotuna? Saboda an ƙunshe su. Wasa ɗaya na iya ɗaukar dubban ƙananan fayiloli, kuma buɗe su ɗaya-ɗaya na ɓata lokaci, sai a tattara su cikin manyan ƙunsoshi. Wani ƙunshin mai sauƙi ne. Fayil ɗin APK, wanda ake ɗora manhaja da shi a wayar Android, ZIP ne kawai aka sauya wa suna, kuma ZArchiver da kusan kowane mai tura fina-finai ya sani zai buɗe shi. Kowane irin fayil yana da tambari a bakinsa: ZIP yana farawa da haruffan PK, farkon sunan Phil Katz da ya ƙirƙiro shi, sautin Ogg yana farawa da OggS, ƙunshin injin Unity yana farawa da UnityFS. Manhajar fito da kaya waɗannan tambura take karantawa, ta nemo jadawalin da ke cewa abu kaza ya fara daga nan ya ƙare a can, ta yanko shi. Bayan yankowa akwai sauran aiki, don hotunan wasan waya ba a ajiye su a matsayin PNG ko JPG. Ana matse su ne a tsarin da na'urar zane ta waya ke karantawa kai tsaye, irin su ETC2 da ASTC, sai an warware kafin ido ya gani. Wasu kamfanonin kuma sukan kulle ƙunshin gaba ɗaya da makullin sirri na AES, musamman wasannin da aka gina a kan injin Unreal.

Hanya mafi sauƙi ga wanda waya kaɗai yake da ita tana cikin PPSSPP ɗin da ke hannunsa. Manhajar, wadda Henrik Rydgård ɗan Suwidin ya fara fitarwa a 2012, kwaikwayon PSP take yi, don haka duk hoton da wasan zai nuna dole ya bi ta hannunta. A sashen kayan aikin masu ƙirƙira akwai zaɓi biyu, ɗaya na adana sababbin hotuna, ɗaya na musanya su. In ka kunna na farko ka buga wasa, kowane hoto da ya gilma za ta lissafa masa wata doguwar lambar shaida daga abin da ke cikinsa, ta ajiye shi a matsayin PNG a cikin foldar TEXTURES da ke ƙarƙashin foldar PSP. Ka ɗauki na rigar, ka zana taka a kansa, ka mayar da shi da wannan lambar, ko ka rubuta a ɗan fayil ɗin textures.ini cewa lamba kaza a nuna hoto kaza. Ka kunna zaɓi na biyu. Shi ke nan. Allon PSP ɗigo 480 ne a faɗi, 272 a tsaye, ƙwaƙwalwarsa ta farko megabait 32 ce tak, don haka hotunan asali ƙanana ne dishi-dishi. PPSSPP kuwa tana karɓar hoton da ya ninka na asali girma, shi ya sa fuskokin "PES na bana" suka fi na ainihin wasan kyau. Wannan ne ma dalilin da ya sa in aka tura maka wasan ake ba ka abu uku: babban fayil ɗin wasan, foldar TEXTURES mai riguna da fuskoki, da SAVEDATA mai sunaye da sauyin 'yan wasa. In ɗaya ya ɓata hanya, sai ka ga sunan ɗan wasan bana da fuskar wanda ya yi ritaya.

Dream League Soccer na kamfanin First Touch Games ya ma fi sauƙi, domin shi da kansa ya buɗe ƙofa: hoton riga mai ɗigo 512 a kowane gefe, ka ɗora shi a intanet, ka ba wasan adireshin.

Manyan wasanni sai da kwamfuta, kuma tambayar farko ita ce da wane inji aka gina wasan. Free Fire da Call of Duty Mobile na Unity ne. In ka buɗe APK ka ga fayil mai suna libunity.so, ka samu amsa. PUBG Mobile da eFootball na yanzu na Unreal ne, kayansu cikin ƙunsoshi masu ƙarewa da pak. Ga Unity akwai AssetStudio da AssetRipper. Ga Unreal akwai tsohuwar UE Viewer ta Konstantin Nosov, wadda aka fi sani da UModel, da FModel, wadda masu tono sababbin kayan Fortnite kafin a sanar da su suke amfani da ita. Luigi Auriemma ɗan Italiya ya yi QuickBMS, wadda ba ta san kowane wasa da kanta ba, sai ka ba ta ɗan rubutun umarni da ke bayyana tsarin ƙunshin. Noesis ta Rich Whitehouse tana nuna siffofi ta juya su zuwa wani tsarin, vgmstream tana kunna sautukan wasanni, ciki har da ADX na kamfanin CRI da PES ya daɗe yana amfani da shi. Abin da aka fito da shi kuma a Blender ake buɗe shi a gyara. Dukkan waɗannan kyauta ne. Wannan magana ce da ya kamata a riƙe, domin duk wanda ya ce ka biya, ko ka cike wata takardar tambayoyi, ko ka sauke wata manhaja tukuna kafin ya ba ka AssetStudio, ba AssetStudio zai ba ka ba.

Ɗora su ba wuya, in aka bi hanya. Yawancinsu suna zaune ne a GitHub ko a shafin mai su na kansa. A GitHub, sunan mai manhaja yana cikin adireshin, kafin sunan manhajar. Shi ake fara dubawa, a ga shekara nawa aka yi ana aiki a wurin, a ga ko akwai ainihin rubutun manhajar ko kuwa shafi ne fayau da maɓalli ɗaya. Daga sashen fitarwa ake ɗauko ZIP, a warware shi cikin folda tasa shi kaɗai, a danna fayil ɗin da ke kunna ta. Galibinsu ba sa buƙatar a ba su ikon shugaban kwamfuta. Inda mutane suka fi tuntuɓe shi ne abin da manhajar ke dogara da shi. AssetStudio da FModel suna buƙatar .NET na Microsoft, kuma sai irin wanda suka ambata. In babu, ka danna ta yi ƙyaf ta ɓace, ko ta fito da saƙon da ba ka gane ba. Daga shafin Microsoft ake ɗauko wannan, ba daga wani wuri ba. Sai kuma ƙwaƙwalwa. Kwamfutocin hannu da ɗalibai ke saye, masu gigabait 4, za su sandare in aka ce su haɗiye foldar wasa dukanta, domin manhajar tana warware ƙunsoshin ne a ƙwaƙwalwa. A riƙa ba ta ƙunshi ɗaya-ɗaya. A waya kuma, tun daga Android 11 an taƙaita shiga foldar da wasanni ke ajiye manyan kayansu, shi ya sa darussan da aka ɗauka a tsofaffin wayoyi ba sa aiki a sababbi. Haɗa wayar da kwamfuta ta kebul ya fi sauƙi.

Yanzu ga inda cutar take. Yaro ba GitHub yake fara zuwa ba, YouTube ko TikTok ko Telegram yake zuwa. Zai ga bidiyo mai nuna komai na tafiya sumul, a ƙasa an sa adireshi, an kuma rubuta kalmar sirrin buɗe ƙunshin, sau da yawa 1234 ko shekarar da ake ciki. Ka tambayi kanka, wane irin sirri ne ake rubuta makullinsa a bakin ƙofa? Ba kai aka kulle wa ba. Manhajar kariya aka kulle wa, don kada ta leƙa ciki lokacin saukewa. Wata dabarar ita ce a kumbura fayil da sifili-sifili har ya zarce megabait 650, iyakar abin da shafin VirusTotal ke karɓa don bincike. A matse yana ƙarami, a warware ya zama ƙato. Ta uku ita ce umarnin da ke cewa ka kashe kariyar Windows kafin ka buɗe. Gaskiya ne wani lokaci kariyar kan yi wa manhaja mai tsabta ƙazafi, musamman irin Ninja Ripper da ke kutsawa cikin wasa yana gudana ta kwashi abin da ake zanawa. Da wannan gaskiyar ɓarawo yake fakewa.

Abin da ake dasawa a irin waɗannan ƙunsoshi galibi manhajar satar bayanai ce. Ba ta lalata kwamfuta, ba ta nuna alama. Cikin daƙiƙoƙi take kwashe kalmomin sirrin da aka adana a Chrome, da shaidar shiga Facebook da Gmail da ke sa ba a sake tambayarka kalmar sirri, da makullan asusun kirifto, ta aika wa mai ita. A Oktoban 2024 'yan sandan Holan da abokan aikinsu suka rushe cibiyar ɗaya daga cikinsu, RedLine. A Mayun 2025 Microsoft ya sanar da cewa cikin wata biyu kacal ya gano kwamfutoci fiye da 394,000 da wata mai suna Lumma ta kama. Shi kansa GitHub bai tsira ba: a 2024 kamfanin Check Point ya bankaɗo wata ƙungiya mai asusun bogi fiye da 3,000 da ke yi wa juna yabo don shafukansu su yi kama da na gaskiya. Kuma kada mu ɗauka abin na can nesa ne. A 2024, lokacin da guguwar danna waya ta Hamster Kombat ta mamaye Arewa har da dattawa a majalisa, kamfanin ESET ya gano shafukan GitHub masu tallan manhajar da za ta riƙa danna maka, alhali Lumma ce a ciki. Banza ba ta kai zomo kasuwa.

A garuruwanmu hatsarin ya ninka, saboda kwamfuta ɗaya ba ta mutum ɗaya ba ce. Wadda ɗalibin Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Abdu Gusau ko na Jami'ar Jihar Zamfara da ke Talata Mafara zai gwada manhajar a kanta da dare, ita ce yayansa ke shiga asusun banki da ita da safe, ko kuma ta shagon da ake yi wa mutane rajistar jarrabawa da buga takardu ce, cike da hotuna da lambobin shaidar jama'ar unguwa. A waya kuwa abin dubawa shi ne izini. Manhajar buɗe hotunan wasa tana buƙatar ganin fayiloli, shi ke nan. In ta nemi karanta saƙonnin tes, ko ta nemi izinin nan da aka tanada don taimakon masu larurar gani, wanda ke ba ta damar ganin allo da danna maɓallai a madadinka, to lambar sirrin da banki ko OPay ko Moniepoint ke turowa take hari.

Akwai kuma dalilin da ya sa namu yaran suka fi dogara da karɓa daga hannu zuwa hannu, kuma ba wauta ba ce. Data tana da tsada, ta ƙara tsada bayan hukumar NCC ta amince da ƙarin kashi 50 cikin ɗari a Janairun 2025. Babban wasa gigabait da yawa ne, in wuta ta ɗauke ko sabis ya yanke ana tsakiyar saukewa, an yi asara. Mutanen Mafara da Bakura da Maradun ba su manta Satumbar 2021 ba, lokacin da aka katse layukan waya a duk faɗin Zamfara saboda yaƙi da 'yan bindiga, har mutane na tafiya maƙwabtan jihohi don yin kira ɗaya. A waɗannan makonni PUBG da Free Fire sun zama gumaka a allon waya, abin da ke kan katin memori ne kawai ya yi aiki. Sai dai fayil ɗin da ya bi ta waya goma ba wanda zai iya cewa daga ina ya taso. Ga hotuna da sauti wannan ba babbar damuwa ba ce. Ga APK da duk abin da kwamfuta za ta kunna, gara mutum ɗaya mai sani ya sauke daga tushe, ya bincika a VirusTotal, sauran su karɓa daga gare shi kai tsaye. Manhajojin ma ƙanana ne in aka kwatanta da wasannin.

Wani ruɗin da ya kamata a warware shi ne na "kayan kyauta". Ganin rigar Free Fire mai tsada a cikin fayilolin wayarka ba ya nufin ka mallake ta. Hoton yana wayarka ne don ka iya ganin ta a jikin wanda ya saya. Rajistar wa ya mallaki me tana can a kwamfutocin kamfanin Garena mai wasan, ba manhajar da za ta taɓa ta daga Maradun. Wanda ya sauya fayilolin wasan da ake bugawa ta intanet kuma, abin da ya fi samu shi ne a rufe asusun da ya yi shekaru yana ginawa.

Tono yana fito da abin da kamfani bai so a gani ba. A 2005 wani ɗan Holan, Patrick Wildenborg, ya buɗe wani sashen batsa da aka bari a ɓoye cikin GTA San Andreas. Aka mayar da wasan na manya zalla a Amurka, manyan kantuna suka janye shi sai da aka sake fitar da gyararre. Iyayen da ke ganin yara na tuƙa mota a wannan wasa suna cewa ai gem ne kawai, ya kamata su san tun asali ba don yara aka yi shi ba.

Batun haƙƙi kuwa bai kamata ya zama baƙo ga mutumin da ya ga yadda tura fina-finai a memori ya karya kasuwar faifan Kannywood ba. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Maris ɗin 2023, ta kare manhajar kwamfuta da zane da sauti, ta kuma hana karya makullin da mai abu ya sa don kare aikinsa. Ta bar ƙofa ga amfanin kai, da nazari, da binciken da ba na kasuwanci ba. A fahimtata, wanda ya buɗe wasan da ya mallaka don ya ga yadda aka jera alwatikan fuska yana wani matsayi, wanda ya ɗauki motar wani kamfani ya sa a nasa wasan ya ɗora a Play Store yana wani matsayin daban, kuma takardar ƙorafi ɗaya ta isa a sauke wasan, wani lokaci har da asusun. PPSSPP ita kanta halas ce, tana Play Store. Kwafin wasan da ake turawa ne ba a saya ba, kuma ba amfanin mu yi kamar ba mu sani ba. Sannan in ka je neman aiki ka nuna siffar da ka ciro daga Call of Duty, duk wanda ya san sana'ar zai gane ta da kallo ɗaya. Kayan aro ba ya rufe katara.

Wanda ke son gina nasa ba ya rasa kayan farawa na halas. Kenney ɗan Holan ya saki dubban siffofi da hotuna ga kowa ba sharaɗi, haka Poly Haven. Injin Godot, wanda Juan Linietsky da Ariel Manzur 'yan Ajantina suka buɗe wa duniya a 2014, ƙarami ne, yana tafiya a tsohuwar kwamfuta, har da na Android. A Legas kamfanin Maliyo Games na Hugo Obi yana yin wasannin waya tun 2012, kuma a 2021 ya fara shirin horarwa na GameUp Africa tare da Google. Amma ka binciki duk waɗannan rumbunan kyauta, da wuya ka samu rumbun dawa irin namu, ko amalanke, ko kalangu, ko hannun ɗan dambe a naɗe, ko ƙofar magudanar ruwa irin ta gonakin shinkafar Bakolori, madatsar da aka kammala a 1978 wadda ƙananan hukumomin Mafara da Bakura da Maradun suke sha daga gare ta. Ba wanda zai ciro waɗannan daga wani wasa, don ba wanda ya taɓa sa su. Ana iya yin su da waya: ka zagaye abu kana ɗaukar hotuna da yawa, kowanne yana hawa kan na baya, a cikin inuwa ko ranar da hazo ya rufe rana, manhaja irin Meshroom ko RealityScan ta haɗa su su zama siffa. Abin da zai fito yana da alwatika da yawa fiye da abin da waya za ta ɗauka, dole a rage. Nan ne wanda ya taɓa farke siffar ƙwararru ya ga inda suka yawaita alwatika da inda suka yi tsimi zai fi wanda bai taɓa ba.

Harshe ma haka. Sharhin ƙwallo a wasa ba doguwar magana ba ce, gutsattsari ne masu yawa, kowanne da lambarsa: na bugun kusurwa, na kati, na sunan ɗan wasa cikin murya ƙasa-ƙasa da kuma cikin ihu. Masu sauraron sharhin gasar Firimiya a BBC Hausa sun san harshen ba ya rasa kalmomin fili. Aikin shi ne a fito da gutsattsarin, a saurari kowanne a rubuta abin da yake cewa, a ɗauki na Hausa da tsawon da bai zarce na asali ba, a juya shi zuwa ADX, a mayar a gurbinsa. Rubutun allo ya fi wannan ƙalubale. Yawancin tsofaffin wasanni ba sa amfani da haruffan waya. Nasu haruffan zane ne a kan hoto ɗaya, kowane harafi a ɗan akwatinsa, kuma babu ɓ, babu ɗ, babu ƙ. Mai son allon ya ce "ƙwallo" daidai sai ya nemo wannan hoton, ya zaɓi akwatunan haruffan da Hausa ba ta buƙata, irin masu ɗigo a ka na Jamusanci da Sifaniyanci, ya goge su ya zana namu masu lanƙwasa, sannan a duk inda ƙ za ta fito a rubutun wasan ya sa lambar harafin da ya goge. Akwati shida ake buƙata, uku na ƙananan haruffa, uku na manya, takwas in za a bi rubutun Nijar mai ƴ.